Inda na kai da fim ɗin Zango: mutanen gefen hoto

'Yan uwa masu koyon haɗa fim, ga inda aikina ya tsaya. Gajeren fim ɗin da nake haɗawa kan Sabon Zango da Nima, unguwannin Accra a Ghana, kafin samun 'yancin kai da bayansa, ya kai matakin tacewa. Hirar dattawa ta kammala, abin da ya riƙe ni shi ne tsofaffin hotunan majigi da zan shimfiɗa a ƙarƙashin muryoyinsu.

Na fara da rumbun British Pathé, wanda ya zuba fina-finansa kusan 85,000 a YouTube a 2014. Kallo kyauta ne, amma sa su a fim sai an biya lasisi, don haka ku san da wannan tun kafin ranku ya kwanta da wani hoto. Akwai kuma ayyukan Gold Coast Film Unit, sashen fim na gwamnatin mulkin mallaka ta Gold Coast, wato Ghana ta yanzu, da Sean Graham ya jagoranta. Namu na gida ya sha wuya: a 1996 aka sayar da kashi 70 cikin ɗari na kamfanin fim na ƙasa ga wani kamfanin Malesiya, faifai da yawa suka lalace a ajiya. Wasu daga cikin abin da Chris Hesse, mai ɗaukar hoton Kwame Nkrumah, shugaban Ghana na farko, ya ɗauka sun tsira ne domin asalin faifan yana Landan.

Duk wanda ya zauna da waɗannan hotuna zai ga abu guda. Kyamara gwamna take bi, ko Nkrumah, ko baƙin da suka zo bikin 'yancin kai na 6 ga Maris 1957. Mutanenmu a gefe suke. Ɗan dako da huhun goro ya gifta bayan motar gwamna, wata mai talla ta tsaya ta ƙura wa kyamara ido, wani malami da rawani yana cikin taro. Daƙiƙa biyu ko uku, an yanke. To ni waɗannan daƙiƙun nake farauta. Ina kallo firam bayan firam, wato hoto ɗaya bayan ɗaya, in rubuta lokacin da mutum ya shigo da lokacin da ya fita, sannan in ɗan jawo hoton kusa. Kada ku jawo shi da yawa, ƙwayoyin fim ɗin kan fashe, fuska ta koma dusa.

Abin da ya fi amfanata shi ne kai kwamfuta zauren wani dattijo a Sabon Zango, na kashe muryar Baturen da ke sharhi. Da aka zo kan wani ɗan sanda mai hula, sai ya ce, "Yarona, tsayar nan. Hular nan ja ce." Hoton baƙi da fari ne, amma shi ja yake gani. Daga nan ya shiga ba ni labarin 'yan Arewa da suka cika aikin ɗan sanda a lokacin, da yadda ake ɗaure huhu da ganye don kada goro ya bushe a hanya. Na ce, "Baba, a ci gaba?" Ya ce a mayar baya tukuna. Muryarsa ce yanzu a kan wannan hoton.

Nan ne na saɓa da wasunku da ke shafa wa tsohon hoto launi da manhaja. Manhaja zato take yi, za ta iya mayar da jar hula shuɗiya, mai kallo kuma ya ɗauka tarihi ne. Haka ma ɗora hoton wata kasuwa a ce kasuwar Makola ta Accra ce alhali ba a tabbatar ba. Inda ban gane wurin ba, ina rubuta shekara da sunan rumbun kawai a ƙasan allo. Hayaniyar kasuwa kuwa na ɗauko ta a Nima da wayata, na sa ta ƙasa-ƙasa, kuma zan faɗi haka a jerin sunayen ƙarshe.

Saura babin korar baƙi daga Ghana ta 1969, zamanin firayim minista Busia. Hotunan iyali nake nema wajen gidajen da 'yan uwansu suka tafi Najeriya da Nijar. Wanda kakarsa ke da su a akwati ya yi mini magana, da na'urar sikana zan zo, ba zan fita da ko ɗaya daga gidan ba.