Zagayen tsohon garin Nurembag da ɗan jagora: ka ɗaura shirinka a kan ƙarfe 12 na rana

Nurembag birni ne a jihar Bavariya da ke kudancin Jamus. A allunan hanya da tikitin jirgi za ka ga an rubuta Nürnberg, kuma wannan rubutun za ka riƙa nema. Daga Farankfot jirgin ƙasa mai gudu yana cin kusan awa 2, daga Munik kuwa awa 1 da 'yan mintuna. Kana fitowa daga babbar tashar jirgin ƙasa sai ka yi ido biyu da ganuwa da wata ƙatuwar hasumiya mai da'ira. Nan ne bakin tsohon gari. Daga nan zuwa fadar da ke kan tudu bai fi kilomita ɗaya da rabi ba, amma 'yan jagora kan ɗauki awa ɗaya da rabi zuwa biyu, don tsayuwa ta fi tafiya yawa.

Jagora iri uku ne. Akwai na ofishin baƙi da ke gefen babbar kasuwa, wato Hauptmarkt, inda ake sayen tikiti a bi ayari. Akwai waɗanda ake tallatawa a matsayin kyauta, alhali kyautar ta baka ce, domin tukwicin da za ka bayar a ƙarshe shi ne abincin mai jagoran. Wanda ya sulale bai ba da komai ba ya ci haƙƙi. Sai kuma ɗan jagoran da iyali ko ƙungiya ke ɗauka na kansu, wanda ya fi tsada amma shi kaɗai ne za ka iya ce wa ya rage sauri ko ya jira ku. Kafin ka biya, ka tambayi harshen da za a yi bayani da shi, saboda yawancin zagayen da Jamusanci ne, na Turanci kaɗan ne kuma suna da lokacinsu. Ka kuma tambaya ko kuɗin ya haɗa da shiga fada. Galibi bai haɗa ba. Za a kai ku farfajiya, ku hango rufin gari, a sallame ku, shiga ciki kuwa tikitinsa daban.

Abin da ya kamata ya yanke maka lokacin tashi shi ne agogon majami'ar Frauenkirche da ke fuskantar kasuwa. Kullum da ƙarfe 12 na rana, 'yan gumakan agogon, wanda aka ƙera a 1509, suna motsi: masu busa su yi busa, sannan masu zaɓen sarki su bakwai su fito su kewaya sarki Karl na 4, mai mulkin Daular Rum Mai Tsarki, sau uku. Abin na 'yan mintuna ne, kuma sau ɗaya ake yi a rana. Zagayen da ya tashi ƙarfe 1 ya riga ya rasa shi. Ko dai ka zaɓi na hantsi wanda zai iso kasuwa dab da sha biyu, ko ka je da kanka ka gani kafin ayarinku ya haɗu. Kuskuren da aka fi yi shi ne matsawa gindin majami'ar. Daga nan ba ka ganin komai sai ƙasan baranda. Ka koma tsakiyar fili.

Ba don ado aka yi agogon ba. A 1356 Karl na 4 ya fitar da dokar da ta tsara yadda za a riƙa zaɓen sarki, ta ƙayyade masu zaɓe bakwai, uku manyan limaman coci, huɗu sarakunan ƙasa, ta kuma ce sabon sarki ya yi zaman majalisarsa na farko a Nurembag. Daga 1424 zuwa 1796 a garin nan aka ajiye kambin daular da sauran kayan sarauta, a ginin Heilig-Geist-Spital, tsohon asibitin da aka gina wani sashensa a kan kogin Pegnitz. Daga gadar Museumsbrücke ake ganinsa sosai, shi ya sa kowane ayari ke cunkushewa a wurin.

A filin kasuwar ne ake gane ɗan jagoran kirki. Wurin da ake sayar da kayan lambu a yau unguwar Yahudawa ce a da. A watan Disamba na 1349 aka far musu, aka kashe sama da mutum 500, aka rushe gidajensu aka yi filin kasuwa da amincewar wannan sarki Karl ɗin, aka kuma gina Frauenkirche a inda wurin ibadarsu yake. A zamanin 'yan Nazi an sa wa filin sunan Hitila. Jagoran da ya tsallake wannan ya kai ku kai tsaye wurin ɗaukar hoto, rabin labari ya ba ku.

Haka kuma batun abin da ke na asali da wanda aka sake ginawa. A daren 2 ga Janairun 1945 jiragen yaƙin Birtaniya suka yi wa garin luguden bama-bamai, kuma zuwa ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu kusan kashi 90 cikin 100 na tsohon gari ya zama kango. Yawancin abin da ido ke gani bayan yaƙi aka tayar da shi, a kan tsoffin layuka, da irin jan dutsen yankin. Ka riƙa tambaya a kowane wuri: wannan na da ne ko sabo? Maɓuɓɓugar Schöner Brunnen da ke kusurwar kasuwa misali ce mai kyau. An gina ta tsakanin 1385 da 1396, tsayinta kusan mita 19, da gumaka 40. Ta tsira daga bama-bamai saboda an lulluɓe ta da kankare, amma ita kanta da ke tsaye kwafi ce, ragowar ta asali tana gidan tarihi na Germanisches Nationalmuseum. A jikin shingen ƙarfenta akwai zoben tagulla da baƙi ke layi su juya wai don sa'a. Camfi ne kawai, kuma layin kan cinye minti goman da za a iya amfani da su a wani wuri.

Daga kasuwa hanya ta fara hawa. Za a wuce tsohon gidan majalisar gari da majami'ar Sebalduskirche, a kama layin Burgstraße. Tudun gajere ne amma yana da tsauri, an kuma daɓe shi da duwatsu masu gwatso-gwatso da kan yi santsi idan an yi ruwa ko ƙanƙara. Takalmi mai tsini, silifa da sabon takalmin da bai saba da ƙafa ba duk wahala ne. Keken jariri mai ƙananan tayoyi yana maƙalewa tsakanin duwatsu, goyo ya fi. Idan da dattijo ko mai ciwon gwiwa a cikinku, a faɗa wa jagora tun kafin a tashi, ba sai an kai tsakiyar tudu ba, ko kuma ya jira ayari a dandalin Tiergärtnertorplatz da ke ƙasan fada, inda ake saukowa.

Wanda ya sayi tikitin fada kada ya bar rijiyar da aka haƙa cikin dutse, mai zurfin kusan mita 50. Ana zuba ruwa a nuna muku daɗewar da yake yi kafin a ji ƙararsa a ƙasa. A watannin sanyi ana rufe fadar da ƙarfe 4 na yamma, saboda haka wanda zagayensa ya ƙare ƙarfe 3 ba shi da sararin tsayawa cin abinci tukuna.

A dandalin da ke ƙasan fada akwai gidan Albrecht Dürer, mai zanen da aka haifa a 1471, ya sayi gidan a 1509, ya zauna ciki har rasuwarsa a 1528. Yana cikin gidajen da suka tsira. Daga nan ka roƙi a sauko ta Weißgerbergasse, wato layin majema, inda gidajen katako kusan 20 na masu jimar fata suka rage. Sun zauna nan ne don sana'arsu tana shan ruwa, ga kogi kusa. A ganina wannan layin ya fi ko'ina nuna yadda masu sana'a suka rayu, amma ayarin da lokaci ya ƙure wa shi yake fara yankewa.

Akwai kuma zagaye na ƙarƙashin ƙasa, cikin ramukan da aka sassaƙa a dutsen tudun tun ƙarni na 14 don ajiyar giya, waɗanda suka zama mafaka lokacin bama-bamai. Tikitinsa daban, ba a shiga sai da jagora. Sanyin ciki digiri 8 zuwa 10 ne ko da bazara, akwai matakala da yawa, rufin wasu wurare a ƙasa yake. Wasu zagayen kan ƙare da ɗanɗana giya, don haka ka karanta bayanin tikitin tukuna.

Kasuwar kanta tana ci Litinin zuwa Asabar. Ranar Lahadi babu ita, shaguna ma a rufe suke. Yawancin kayan lambu daga gonakin arewacin gari ake kawowa, yankin da sunansa, Knoblauchsland, ke nufin ƙasar tafarnuwa. Ba a taya kaya a nan, farashi a rubuce yake, ko na kilo ko na gram 100, kuma a nan baƙo ke ruɗewa ya ga kuɗin ya ninka abin da ya zata. Ba a kuma tattaɓa tumatir ana zaɓe. Ka nuna, mai rumfa ya ɗebo. Ka riƙe tsabar kuɗi da sulalla, domin ba kowace rumfa ke karɓar kati ba, ban-ɗaki ma sai an biya, daga santi 50 zuwa yuro 1.

Batun abinci yana bukatar lura. Abin da garin ya fi alfahari da shi ƙananan tsiran alade ne, masu tsawon santimita 7 zuwa 9, ana sa guda uku cikin burodi a kira shi Drei im Weggla. Naman alade ne zalla. Haka Schäufele, wato kafaɗar alade. Zagayen da aka tallata da ɗanɗanon abinci kusan kullum da waɗannan yake farawa, saboda haka Musulmi ya sanar tun lokacin yin rajista, ko ya zaɓi zagayen tarihi kawai. Kalmar da za ka riƙe ita ce Schwein, alade. Abin da ya fi sauƙin saye shi ne Lebkuchen, wani kek mai zuma, kirfa, kanumfari da citta. Mafi daraja shi ne Elisenlebkuchen, wanda aƙalla kashi 25 cikin 100 nasa 'ya'yan itatuwa ne dangin gyaɗa, fulawa kuwa ba ta wuce kashi 10 ba. Duk da haka ka duba takardar jiki, wasu ana sa musu barasa. Alewa mai danƙo kuma sau da yawa da sinadarin alade ake haɗa ta. Shagunan Turkawa masu naman halal sun fi yawa a kewayen tashar jirgi da unguwannin kudu da ita.

Daga Juma'ar da ke gaban Lahadin farko ta shirin Kirsimeti har zuwa 24 ga Disamba, filin kan koma Christkindlesmarkt, wato kasuwar Kirsimeti, da rumfuna kusan 180 masu rufin zane ja da fari, masu kayan lambu kuma a mayar da su layukan kusa. A wannan lokaci zagaye kan sauya. Cunkoso ba ya barin ayari ya tsaya a tsakiyar fili, murya ba ta kaiwa, mutane na ɓacewa. Ka zaɓi safiyar ranar aiki, ka guji yammacin Asabar, ku kuma tsayar da wurin haɗuwa idan an rabu. Maɓuɓɓugar ta dace da haka saboda ana hango ta daga nesa. Abin sha mai zafi da kowa ke riƙe da shi, Glühwein, giya ce. Wanda babu barasa sunansa Kinderpunsch. Za a caje ka kuɗin jinginar kofi a kan farashi, idan ka mayar da kofin a ba ka kuɗinka.

A Disamba rana kan faɗi wajen 4 da minti 20 na yamma. Azahar na shiga jim kaɗan bayan 12, la'asar wajen 2, ke nan zagayen da ya tashi ƙarfe 1 zai ci lokacin salla biyu. Wannan ma wani dalili ne na zaɓar na hantsi: a gama kallon agogo, a rufe zagaye, a samu sararin neman masallaci. Tsayuwar sauraro kuwa ta fi tafiya sanyi, don ta tafin ƙafa yake shiga. Safa mai kauri, safar hannu da hula mai rufe kunne sun fi ƙarin riga amfani.

Da yawa suna zuwa Nurembag saboda shari'ar da aka yi wa shugabannin Nazi a 1945 zuwa 1946, sai su ɗauka zagayen tsohon gari zai kai su can. Ba zai kai ba. Ɗakin shari'a mai lamba 600 yana yammacin ganuwa, ana zuwa da jirgin ƙarƙashin ƙasa na U1. Filin gangamin jam'iyyar kuma yana kudu maso gabas, sai an hau jirgin titi ko mota. Kowanne na bukatar rabin yini nasa. A can ko a cikin gari, ɗaga hannu irin gaisuwar Nazi, ko da wasa ne don hoto, laifi ne a dokar Jamus, kuma 'yan sanda na kama baƙi a kansa.