Jakara, daga Kurmi zuwa Wasai

Duk wanda ya tsaya a bakin madatsar Wasai da rani ya ga launin ruwan, da wuya ya yarda cewa wannan ce Jakarar da ta taso daga tsakiyar birnin Kano.

A da can wurin da Jakara ta taso kurmi ne mai duhuwa, mutanen Dala na girmama shi, ana ce masa Kurmin Baƙin Ruwa. Daga nan kasuwar Kurmi, wadda Sarki Muhammadu Rumfa ya kafa a ƙarni na 15, ta samo sunanta.

Rafin yana gangarawa arewa maso gabas. A hanya yake haɗuwa da rafin Getsi, mai kwaso dagwalon masana'antun Bompai, kafin ya zube a madatsar Wasai, wadda aka gina a 1976. Da damina ruwan sama yana tsarma dattin. Da rani kuwa kusan duk ruwan kwata ne da na mayanka, kuma da shi masu lambu ke ban ruwan latas da kabeji. Abin da ke damuna shi ne latas ɗin, domin ɗanye ake cinsa, wanki kuma ba ya fitar da abin da saiwa ta riga ta zuƙa.