Abin da wani ɗan yanki a Ailan ya koya min game da auna ƙasa

A kwas ɗinmu na safiyo akwai darasin tarihin rajistar filaye, malaminmu ya raba mana aiki kowa ya ɗauki ƙasa ɗaya ya bi yadda aka fara auna ta aka rubuta, ni Ailan ce ta faɗo min, tsibirin nan da ke yamma da Ingila. Malam ya ce kar in kawo masa labarin ƙasar gaba ɗaya, in nemi yanki mafi ƙanƙanta da gwamnati ta sani da suna in tsaya a kansa har sai na gane shi.

To yankin nan shi ake kira taunlan. Tsibirin duka an yanyanka shi taunlan-taunlan sama da 61,000, kowanne da sunansa da iyakarsa, in ka haɗa kaɗan su ba ka yankin coci, yankunan coci su ba ka baroni, sannan gunduma, gundumomi 32 ne a tsibirin. Kuma ba ƙauye ba ne fa, ƙasa ce kawai, wani akwai gidaje a ciki wani ko bukka babu sai tumaki. Ba Turawan Ingila ne suka ƙirƙiro su ba, da yawansu sun girmi mulkin Ingila a wurin, daga tsarin rabon ƙasa na mutanen Ailan ɗin kansu suka fito, abin da Ingila ta yi shi ne ta auna ta buga a takarda saboda haraji da kuma rabon ƙasar da ta ƙwace, tun awon da William Petty ya yi a shekarun 1650 bayan yaƙin Cromwell, shugaban sojojin Ingila da ya ci Ailan da yaƙi.

Abu na farko da ya buɗe min ido shi ne girmansu ba ɗaya ba ne kuma ba haka kawai ba. Matsakaici bai fi eka ɗari uku da 'yan kai ba, amma in ka buɗe taswira za ka ga inda ƙasa take da kyau taunlan ƙanana ne sun cunkushe, inda kuwa tsauni ne ko fadamar nan tasu mai laka da suke yanka su busar su yi girki da ita, sai ka ga ɗaya ya miƙe eka dubbai. Wato mutanen wancan zamanin ba faɗin ƙasa suke aunawa ba, abin da za ta iya ciyarwa suke aunawa, saniya nawa, gida nawa. Tun daga nan na fara kallon layin iyaka da wani ido daban, kafin in duba rahoton ƙasa iyakar ma ta gaya min inda albarka take. Kuma iyakokin ba a miƙe suke ba, suna bin rafi, suna bin shingen dutse, suna bin tsohuwar hanya, duk inda ka ga layi ya lanƙwashe to akwai abin da yake bi.

Babban awon an fara shi a 1824 ƙarƙashin Thomas Colby, sojoji ne da sarƙar awo suka taka tsibirin kaf, inci shida a takarda mil ɗaya a ƙasa, aka fara fitar da taswirorin a 1833 aka gama a 1846. Richard Griffith shi aka ɗora wa tabbatar da iyakoki, mutanensa suna tafiya da 'yan gari waɗanda suka san inda gonar wane ta tsaya. Sannan akwai John O'Donovan, masanin harshen Ailan, wanda ya yi shekaru yana yawo gunduma-gunduma yana sa tsofaffi su faɗi sunan wuri da bakinsu kafin a zaɓi yadda za a rubuta shi da haruffan Turanci. Wannan mutumin ya burge ni ƙwarai, dan a cikin aikin da aka shirya saboda haraji shi ne ya tsaya sauraron mutane. Mu ma ai mun san irin wannan awon, zamanin Turawa malaman taki sun bi gonakin Kano suna ƙirga taku saboda a yanka haraji.

Taunlan ɗin da na zaɓa sunansa Ballykilcline, a yankin cocin Kilglass cikin gundumar Roscommon, ba nisa da kogin Shannon da garin Strokestown. Wajen eka 600 ne, mutane ɗaruruwa a kai, kowa da ɗan ƙyallen gonarsa ta dankalin turawa. Ƙasar ta gidan sarautar Ingila ce amma an ba iyalan Mahon na Strokestown haya mai tsawo, su kuma suna karɓar kuɗin haya daga manoma. Hayar Mahon ta ƙare a 1834 ƙasa ta koma hannun gidan sarauta, ba a jima ba mutanen suka daina biya, kuma suka tsaya a kan haka sama da shekara goma, a aiko masu karɓa su koma hannu rabbana, a kai kotu a dawo, talakawa ne waɗanda yawancinsu ba su da komai sai gonar amma suka haɗa kai suka riƙe.

Sai ga cutar dankali a 1845. Dankalin nan shi ne abincin talaka safe da dare, ya ruɓe a cikin ƙasa shekara bayan shekara, wajen mutum miliyan ɗaya suka mutu, wajen miliyan ɗaya suka bar ƙasar. Ƙidayar 1841 ta nuna mutum sama da miliyan takwas, ta 1851 wajen miliyan shida da rabi, Roscommon kaɗai ta rasa kusan kashi ɗaya cikin uku na mutanenta. A tsakiyar wannan masifar ne gwamnati ta ga dama ta samu, daga 1847 zuwa 1848 aka kwashe mutanen Ballykilcline sama da 300, gidan sarauta ya biya kuɗin jirgi, aka bi da su ta Dublin zuwa Liverpool zuwa New York, aka rushe gidajen dan kar wani ya dawo. Wasunsu sun ƙare a Rutland cikin jihar Vermont suna fasa dutsen marmara. A shekarar 1847 ɗin dai Denis Mahon na maƙwabta ya tura manomansa 1,490 Kanada, suka taka a ƙafa ta bakin hanyar ruwa har Dublin, da yawa zazzaɓi ya kashe su a teku da wurin killace marasa lafiya, shi kuma aka harbe shi a watan Nuwamba.

Inda abin ya fi taɓa ni wajen littafin ƙimar ƙasa na Griffith ne, wanda aka yi tsakanin 1847 da 1864. Littafi ne mai tsafta wallahi, duk mai aikin safiyo zai so shi. Kowane shafi taunlan ne a sama, sai layuka, lambar fili a taswira, sunan wanda yake zaune a kai, sunan wanda ya ba shi haya, ko gida ne da gona ko gona kawai, girman fili da eka da rubu'in eka da 'yan ƙananan ma'auni, can ƙarshe ƙimarsa ta shekara da fam da sule da kwabo. Lissafi ya daidaita ko ta ina. Amma ma'aikatan sun iso Roscommon ne a shekarun 1850, lokacin mutanen nan sun riga sun tsallaka teku, dan haka wanda ya karanta littafin kaɗai ba zai taɓa sanin an yi wata jama'a a wurin da ta yi shekara goma tana ja da masarauta ba. Littafin bai yi ƙarya ko guda ba, kawai ranar da aka rubuta shi ce ta zo a makare. Yanzu duk rajistar da aka miƙo min tambayata ta farko wace shekara aka yi ta, kuma me ya faru a wurin kafin nan.

Ga kuma matsalar ma'auni, littattafan harajin coci na shekarun 1820 da 1830 da yawansu da ekar Ailan aka rubuta, ita kuma ta fi ekar Ingila girma da fiye da rabi, in ba ka lura ba sai ka ɗauka gonar mutum ta ƙaru alhali ko taku ɗaya ba a ƙara ba. Kuma ɗan ƙwadagon da yake zaune a gefen gonar wani ba shi da takarda sau da yawa sunansa ba ya shiga, ga shi takardun ƙidayar 1821 zuwa 1851 mafi yawansu sun ƙone a Dublin a 1922 lokacin yaƙin basasa, cikin na zamanin mulkin Ingila sai na 1901 da 1911 ne suka tsira cikakku, su ma taunlan-taunlan aka jera su. Shi ya sa jikokin waɗanda suka tafi Amurka in suna neman asali ba sunan gunduma ake tambayarsu ba, sunan taunlan ake tambaya, in babu shi sai a yi ta lalube cikin mutane masu suna iri ɗaya.

Mutanen can har yau suna riƙe da sunayen nan. A Ailan ta Arewa, ɓangaren tsibirin da ke ƙarƙashin Birtaniya, da hukumar gidan waya ta kawo sunayen tituna da lambobi a shekarun 1970 gundumar Fermanagh ta daɗe tana ƙin yarda dan kar sunan taunlan ya fita daga adireshi, a Jamhuriyar Ailan kuwa sai 2015 aka fara lambar gidan waya ta Eircode, kafin nan a karkara sunanka da na taunlan ɗinka su ne suke kai maka wasiƙa har ƙofa.

Da muka fita aikin fili a zangon da ya biyo baya, fom ɗin da aka ba mu yana da gurbin lambar fuloti da girma da sunan mai shi kawai. Na ja layi biyu a bayan littafina, ɗaya na sunan da mutanen wurin suke kiran gonar, ɗaya na wanda yake nomanta in ba shi ne mai ita ba, aro ne ko haya ko jingina. Na nuna wa malam ya karanta ya ce in mayar da su cikin rahoton, kuma in rubuta kwanan wata a saman kowane shafi.