Dauda uku, majajjawa ɗaya

Kwana biyun nan na kasa daina kallon hotunan mutum-mutumin Dauda da masu sassaƙa na Italiya suka yi, wato Dauda da ya kashe Jaluta da majajjawa, wanda a Baibul ake kiransa Goliyat. Tun farko dai in faɗa, ni ban ɗauke su a matsayin siffar Annabi Dauda ba, ba wanda ya san kamanninsa, wannan tunanin masu sassaƙar ne kawai. Abin da ya kama ni shi ne labari ɗaya ne amma kowa da inda ya tsayar da shi.

Donatello ya zaɓi bayan faɗa. Nasa na tagulla ne, wajajen 1440, yana gidan tarihi na Bargello a birnin Fulorans. Yaro ne siriri da hula a kai da dogayen takalma, takobi a hannu, ƙafarsa a kan yankakken kan Jaluta, kuma ya tsaya shiru kamar ba shi ya yi aikin ba. Yana da kyau gaskiya, amma ni bai girgiza ni ba.

Sai na Mikelanjelo wanda kowa ya sani. Ya fara a 1501 yana ɗan shekara 26 ya gama a 1504, tsayinsa ya haura mita 5, kuma dutsen marmarar ma ba sabo ba ne, wasu sun fara taɓa shi tun 1464 suka watsar ya yi shekaru a yashe kafin a ba shi. Shi kuma kafin faɗa ya zaɓa, ba kan Jaluta ba takobi, majajjawar ma a kafaɗar hagu take da ƙyar za ka lura da ita. Ku je ku ƙara girman hoton hannun damansa don Allah, jijiyoyin nan duk sun tashi, gira a haɗe, ido ya kafe a gefe guda. Mutanen Fulorans sun kafa shi a ƙofar fadar gwamnatinsu don suna ganin kansu a cikinsa, ƙaramin birni da manyan abokan gaba suka sa a gaba. A 1873 aka mayar da shi cikin gidan tarihi na Accademia saboda ruwa da rana, wanda ke dandalin yanzu kwafi ne.

Amma ni fa na Bernini ne ya tafi da ni, kuma yana min ciwo yadda ba a cika maganarsa ba. Tsakanin 1623 da 1624 ya yi shi wa Kadinal Scipione Borghese, wani babba a cocin Katolika, har yau yana gidan tarihi na Galleria Borghese a Rum, tsayinsa kamar na mutum ne kawai. Shi tsakiyar faɗan ya kamo, daidai lokacin da Dauda ya ware ƙafafu ya murɗa jiki ya ja majajjawar, saura kiftawar ido dutse ya tashi. Fuskar ce ta fi komai, ya cije leɓe ya tamke goshi, irin fuskar da mutum ke yi in ya tattara ƙarfinsa duka wuri ɗaya kuma ya san in ya kuskure shi kenan an gama da shi. Ko a waya kake kallo sai ka ji kamar ka kauce, don Jalutan ba a sassaƙa shi ba, yana can bayanka ne wajen da kake tsaye.

A ƙasa kusa da ƙafarsa ga sulken da Sarki Saul ya ba shi ya tuɓe don bai saba da shi ba, ga kuma garayarsa a yashe. Na daɗe ina kallon garayar nan wallahi, yaron da ya saba kiwon tumaki da kiɗa ya ajiye ta a ƙasa ya ɗauki dutse.