Tarihin Rayuwar Sean McVay, Kashi na Biyu: Daga Filin Jami'a Zuwa Kujerar Koci

A makon jiya mun tsaya ne a ƙarshen shekarar 2003, lokacin da Sean McVay, yana ɗan shekara 17, ya jagoranci makarantar sakandaren Marist da ke gefen birnin Atlanta ta lashe gasar jihar Jojiya a wasan zari-rugar Amurka, har aka zaɓe shi gwarzon 'yan wasan hari na rukuninsu, aka fifita shi a kan Calvin Johnson, wanda daga baya ya shiga sahun fitattun masu cafe ƙwallo a tarihin gasar ƙwararru ta NFL. A wannan makon za mu bi shi cikin shekaru 13 da suka biyo baya har zuwa naɗa shi babban kocin ƙungiyar Los Angeles Rams ta gasar NFL, waɗanda a ganina su ne ƙashin bayan tarihinsa, ko da yake masu ba da labarinsa sukan tsallake su da gaggawa don su isa wurin kofuna.

A shekarar 2004 ya shiga Jami'ar Miami. Wannan ba wadda ke jihar Florida ba ce, wata ce daban da aka kafa tun 1809 a ɗan ƙaramin garin Oxford na jihar Ohio. Ƙungiyarta tana buga wasa ne a rukunin Mid-American, wanda bai kai manyan rukunonin jami'o'i kuɗi ko 'yan kallo ba, amma jami'ar ta yi suna wajen yaye masu horar da 'yan wasa, domin manyan kociyoyi irin su Paul Brown da Woody Hayes da Ara Parseghian da Bo Schembechler duk sun ratsa ta cikinta, ko a matsayin ɗalibai ko a matsayin masu horarwa. Kakansa ma, John McVay, a nan ya buga wasa a farkon shekarun 1950, kafin ya zama babban kocin New York Giants daga 1976 zuwa 1978, sannan ya koma ofishin gudanarwa na San Francisco 49ers, inda aka ci kofin Super Bowl, wato kofin zakarun gasar NFL, har sau 5 yana cikin masu riƙe da ragamar ƙungiyar.

A sakandare Sean shi ne kwatabak, wato jagoran hari wanda ke karɓar ƙwallo a farkon kowane yunƙuri ya yanke shawarar inda za ta nufa. A jami'a sai aka mayar da shi cikin masu ruga gaba su cafe ƙwallon da aka jefo, saboda ba shi da tsayin da ake nema a wurin kwatabak a wannan mataki. Daga 2004 zuwa 2007 ya cafe ƙwallo sau 39, ya ci yadi 312. Wanda ya san wasan zai gane cewa ƙwararren mai cafewa yana iya tara wannan adadi cikin wasanni kaɗan. Gasar NFL kuwa tana da ƙungiyoyi 32 ne kawai, kuma 'yan wasan jami'a da take ɗauka a zaɓen kowace shekara ba su wuce ɗari biyu da hamsin da 'yan kai ba, cikin dubban masu neman shiga. Saboda haka tun kafin ya kammala digirinsa a fannin lafiya da wasanni a 2008, ta bayyana cewa rayuwarsa ta ɗan wasa ta zo ƙarshe.

Duk da haka bai bar Oxford hannu rabbana ba. Ya taɓa tsayawa a wurin mai jifa, ya kuma tsaya a wurin mai cafewa, don haka ya san abin da kowannensu yake gani da abin da ke ɓoye masa a cikin 'yan daƙiƙun da yunƙuri yake ɗauka, kuma wannan sani ne da ake ganin tasirinsa a tsarin wasansa har yau. A nan ne kuma ya ƙulla abota da abokin wasansa Chris Shula, jikan shahararren koci Don Shula, wanda shekaru da yawa bayan haka ya zama mai tsara masa tsaron baya a ƙungiyar Rams.

Aikinsa na farko ya same shi ne a 2008 yana da shekara 22, a ƙungiyar Tampa Bay Buccaneers, ƙarƙashin Jon Gruden, kocin da ya ci wa ƙungiyar Super Bowl a watan Janairun 2003. A nan ya kamata a faɗi gaskiya yadda take. Matashin da bai yi fice a jami'a ba, bai kuma taɓa horar da ko ƙungiyar sakandare ba, ba ya samun kujera a NFL kai tsaye sai da dalili, kuma dalilin Sean shi ne tsohuwar zumuntar da ke tsakanin gidan McVay da gidan Gruden. Jim Gruden, mahaifin Jon, ya yi mataimakin koci a ƙarƙashin John McVay a Jami'ar Dayton, shi kansa Jon kuma ya fara aikinsa na NFL ne a 1990 a ƙungiyar 49ers, lokacin da John McVay yake cikin shugabanninta. Hausawa sun ce wanda yake da uwa a gindin murhu ba ya cin tuwo gaya, kuma shi Sean bai taɓa musun cewa sunan gidansu ya buɗe masa ƙofa ba. Ina jaddada wannan ne saboda akasarin 'yan wasan NFL baƙar fata ne, amma kaɗan ne daga cikinsu suke kaiwa kujerar babban koci, har ta kai gasar ta kafa dokar Rooney a 2003, wadda ta wajabta wa kowace ƙungiya ta gana da ɗan takara daga cikin tsiraru kafin ta naɗa babban koci. Akwai matasa masu irin ƙwaƙwalwarsa da suka shafe shekaru a ƙananan jami'o'i ba wanda ya kira su, kuma rashin adalci ne a ba da labarinsa a manta da su.

Sai dai zumunta ba ta yi masa aikin da ya tarar a Tampa ba. Ƙaramin mataimaki a ƙungiyar NFL ba shi ne ake nunawa a talabijin ba. Aikinsa shi ne ya zauna gaban kwamfuta ya bi bidiyon wasannin abokan hamayya yunƙuri bayan yunƙuri, yana rubuta bayanin kowanne: karo na nawa ne cikin damammaki huɗu da ake bai wa masu hari su ci yadi 10, yadi nawa ya rage, yaya 'yan wasa 11 na tsaro suka jeru, mutum nawa suka auka wa kwatabak, wa ya ja baya ya tsare fili. Daga waɗannan bayanai ake gano al'adar kowace ƙungiya, misali abin da ta saba yi idan aka kai dama ta uku kuma yadi da yawa ya rage. Shi ne kuma yake zana tsare-tsaren abokan hamayya a kan katuna domin 'yan benci su kwaikwaye su a wurin atisaye, ya haɗa takardun taro, ya gyara kundin dabarun ƙungiya duk lokacin da aka sauya wani abu. Jon Gruden mutum ne da aka sani da tashi tun ƙarfe uku da 'yan mintuna na dare ya tafi ofis, don haka mai yi masa hidima ba shi da zaɓi sai ya koyi sammako. Wanda ya yi wannan aiki da zuciya ɗaya yakan kalli dubban yunƙuri a kaka guda, har idonsa ya saba da gane niyyar masu tsaro tun kafin a taɓa ƙwallo, kuma na yi imani cewa ƙarfin haddar da ake yaba wa McVay a yau, inda yake tuna yunƙurin da aka yi shekaru da suka wuce dalla-dalla, a irin wannan zama ya samo tushe.

Kakar ba ta ƙare da daɗi ba. Tampa ta ci wasa 9 cikin 12 na farko, sannan ta sha kashi a huɗun ƙarshe a jere, aka sallami Gruden a watan Janairun 2009, Sean ma ya rasa aikinsa. A watannin da suka biyo baya ya riƙa zuwa wani ɗan ofis da Gruden ya buɗe a Tampa, inda kociyoyin da aka sallama suke haɗuwa suna nazarin bidiyo, kuma a can ya samu abin da ba a cika samu a tsakiyar kaka ba, wato lokacin da babban malami zai tsayar da shi gaban allo ya sa shi bayani, ya gyara masa. Daga nan ya bi Jay Gruden, ƙanen Jon, zuwa Florida Tuskers, ƙungiya ce a wata sabuwar ƙaramar gasa mai suna UFL wadda ta fara da ƙungiyoyi huɗu kacal. Sun ci wasanninsu 6 duka, suka faɗi a wasan ƙarshe a hannun Las Vegas da ci 20 da 17. Gasar ba ta yi nisan kwana ba, amma ta haɗa shi aiki kafaɗa da kafaɗa da mutumin da zai ɗaga shi daga baya.

A 2010 ya koma NFL, a ƙungiyar Washington wadda a yau ake kira Commanders. Bruce Allen, wanda ya san shi tun a Tampa, shi ne babban manajanta, sabon kocinta kuma shi ne Mike Shanahan, wanda ya ci Super Bowl sau biyu a jere da Denver Broncos. An ba shi mataimakin mai horar da 'yan ƙarshen sahu, wato 'yan wasan hari da ke haɗa tarewa da cafe ƙwallo, kuma kafin kakar ta ƙare mai gidansa Jon Embree ya tafi ya zama babban kocin Jami'ar Colorado, sai aka damƙa masa rukunin yana da shekara 24. Cikin waɗanda zai horar har da Chris Cooley, gogaggen ɗan wasa wanda ya girme shi. Ƙwararren ɗan wasa ba ya sauraron koci don muƙaminsa kawai, yana sauraronsa ne idan ya ga abin da yake faɗa yana faruwa a fili ranar Lahadi, kuma ta wannan hanya ce Sean ya samu amincewarsu.

Wannan muƙami ya fi yadda ake ɗaukarsa muhimmanci. Ɗan ƙarshen sahu yana tsayawa ne a gefen katangar manyan 'yan wasan da ke kare kwatabak. Wani lokaci ya tare abokin gaba don a buɗe wa mai gudu da ƙwallo hanya, wani lokaci ya zame ya ruga ya cafe. Don haka mai horar da shi tilas ya fahimci ɓangarorin hari biyu, gudu da jifa, alhali sauran mataimaka sukan ƙware a ɗaya ne. Tsarin Shanahan kuwa an gina shi ne a kan haɗa waɗannan biyun: katanga ta zame gefe ɗaya gaba ɗaya, mai gudu ya nemi ɓaraka, a maimaita hakan har masu tsaro su saba, sannan kwatabak ya yi kamar zai miƙa ƙwallo ya fasa, ya jefa ta bayan waɗanda suka taso. Sirrin shi ne yunƙuri daban-daban su fara da kama ɗaya. Daga Gruden Sean ya koyi dabarun jifa da yalwar tsare-tsare, daga Shanahan ya koyi yadda ake ɗaure su da gudu. A ofishin akwai wasu matasa, Kyle Shanahan mai tsara hari, da Matt LaFleur mai horar da kwatabak, da Mike McDaniel, da Raheem Morris wanda ya taɓa riƙe Tampa, kuma kowannensu ya zama babban koci a NFL daga baya. Sakamakon aikinsa ya fito a fili: Fred Davis ya cafe ƙwallo 59 ya ci yadi 796 cikin wasa 12 a 2011, sabon shiga Jordan Reed kuma ya cafe 45 cikin wasa 9 a 2013.

Ƙungiyar dai ba ta zauna lafiya ba. Bayan ta ci rukuninta a 2012, ta faɗi warwas a 2013 da nasara 3 da rashin nasara 13, aka sallami Shanahan da yawancin mutanensa. Wanda aka ɗauko ya gaje shi shi ne Jay Gruden, wanda ya riƙe Sean ya kuma naɗa shi babban mai tsara hari a watan Janairun 2014, kwanaki kaɗan kafin ya cika shekara 28. A kakar farko Jay ne yake zaɓen yunƙuri da kansa, amma a 2015 ya sakar masa wannan nauyi. Aiki ne na gaggawa, domin daƙiƙa 40 ce tsakanin yunƙuri da yunƙuri, kuma na'urar da koci yake magana da kwatabak ta cikin hular kwanonsa tana yankewa idan daƙiƙa 15 ta rage. A wannan shekara Kirk Cousins, wanda ya daɗe a benci, ya jefa ƙwallon da ta ci yadi 4,166, ya fi kowa a gasar daidaiton jifa, Washington ta sake cin rukuninta. A 2016 ya kai yadi 4,917, adadin da babu kwatabak ɗin ƙungiyar da ya taɓa kaiwa.

A daidai wannan lokaci ƙungiyar Rams, wadda ta koma Los Angeles daga St. Louis a 2016, tana cikin mawuyacin hali. Ta ci wasa 4 ta faɗi 12, ta zama ta ƙarshe a gasar wajen cin maki da 224 kacal, ta sallami kocinta Jeff Fisher tun kaka ba ta ƙare ba, matashin kwatabak ɗinta Jared Goff kuma, wanda aka ɗauka na farko a zaɓen 'yan wasan jami'a na wannan shekara, ya faɗi dukkan wasanni 7 da aka fara da shi. Shugabanninta suna neman wanda zai gyara musu wannan yaro kafin ya lalace, kuma abin da aka gani a wurin Cousins shi ne hujjar Sean. Ranar 12 ga Janairun 2017 suka naɗa shi babban koci yana da shekara 30, saura kwana 12 ya cika 31, ya zama mafi ƙarancin shekaru da aka taɓa bai wa wannan muƙami a tarihin NFL na zamani.

A mako mai zuwa, idan Allah ya kai mu, za mu duba kakarsa ta farko a Los Angeles, yadda ƙungiyar da ta zo ta ƙarshe a cin maki ta koma ta farko da maki 478 cikin shekara guda, da dalilin da ya sa ya ɗauko dattijo Wade Phillips, wanda ya kusa shekara 70, ya damƙa masa tsaron baya.