Kwalin kaset ɗin yaƙi da na kwaso

Da mai gidan kallon unguwarmu ya rufe, ni na kwashi kwalin kaset ɗinsa na bidiyo. Yawancinsu finafinan yaƙi ne, irin waɗanda muke matsuwa a benci muna jiran akta ya gama da bos. Niyyata in juye su a kwamfuta kafin su lalace.

Da ɓarna na fara. Na cusa kaset na farko ban duba zarensa ba, ashe ya yi fumfuna, ya dame kan na'urar, sai da na kai ta wurin mai gyara. Tun daga ranar duk wanda na hango fari-fari a cikinsa, gefe nake ajiye shi. Aikin kuma ba ya son gaggawa, fim ɗin minti 90 sai ka ba shi minti 90 ɗinsa cif.

Wannan zaman ne ya sa na fara karanta sunayen da ke fitowa a farko, abin da ba mu taɓa yi ba muna yara. Mu da muke rantsuwa na Amurka ne, ashe da yawa Italiyawa ne suka yi su, suka fake da sunan Turanci don kasuwa. A cikin daraktocin, Anthony M. Dawson shi ne Antonio Margheriti, Vincent Dawn kuwa Bruno Mattei. Dajin da ake ce mana Biyetnam ma na ƙasar Filifin ne, don can aiki ya fi araha. Har Missing in Action na Chuck Norris, wanda kamfanin Cannon ya fitar a 1984, can aka ɗauke shi. Italiyawan kuma sai an gama ɗauka suke ɗora murya, shi ya sa baki ke gabas magana na yamma. A wani fim na ƙirga bukka ɗaya ta tarwatse sau uku.

Da na samo wani daga ciki tar da shi a intanet, sai na tara abokaina, ina ganin na yi bajinta. Hoton ya yi kyau har ya tona asiri: jirgin mai saukar ungulu da ya firgita mu a da, ashe ɗan ƙaramin abin wasa ne. Ba a yi rabi ba wani ya ce, "Malam, mayar mana da namu." Na saka tsohon kaset mai yayyafi. Daidai inda zaren ya taɓa tsinkewa aka liƙe shi, suka haɗa baki suka faɗi maganar aktan da ta ɓace a wurin.