Kujeru 20, ƙafafu 68

Aikin kafinta nake yi, ni da yara uku masu koyon sana'a a hannuna. Yawancin abin da muke haɗawa kujeru ne marasa majingini, iri biyu: mai ƙafa uku da mai ƙafa huɗu.

Wata rana takardar odar wani mai saye ta yi ɓatan dabo. Na dai san kujeru 20 ya ce, ƙafafun kuma an riga an yanke su, ga su nan a jibge, 68. To kowane iri guda nawa? Babban yaron ya ce, "Maigida, goma-goma ne." Ai goma-goma ƙafa 70 za su ci.

Na zaro fensir daga bayan kunnena, na jawo guntun katako. Masu ƙafa uku na kira su x, masu huɗu y. Layi na farko x + y = 20, na biyu 3x + 4y = 68. Dabarar maye gurbi ke nan: ka ware harafi ɗaya shi kaɗai, ka kai abin da ya zama cikin ɗaya layin. Ni kullum harafin da ba lamba a gabansa nake warewa, don kada rabawa ta shigo da wuri. Sai x = 20 − y, layi na biyu ya koma 3(20 − y) + 4y = 68.

Nan na miƙa wa yaron fensir, nan kuma ya yi tuntuɓe. Ya ninka 20 sau uku, ya manta y ɗin da ke cikin baka, ya rubuta 60 − y. Amsarsa ta fito kujera biyu da biyu bisa uku. Na ce wa zai zauna a kan wannan? Ukun nan na waje kowa na cikin baka take shafa: 60 − 3y + 4y = 68, wato y = 8, x kuma 12.

Ƙaramin cikinsu shi kuma layin da ya ciro x ya mayar wa, ya samu 20 = 20, yana ta murna. Gaskiya ne, amma ba ta haɗa kujera.

Kafin a taɓa gam sai da muka gwada: 12 sau uku 36, 8 sau huɗu 32, jimla 68. Guntun katakon nan shi ya zama mazaunin ɗaya daga cikin masu ƙafa uku, lissafin na nan a ƙarƙashinsa.